Chamois da isard: suna ɗaya, dabba biyu da fatar goge mota

Wanda ya shiga shagon kayan mota a Kano ko Damagaram ya nemi abin tsane ruwa bayan wanki, ana iya miƙo masa wani abu mai laushi ruwan ƙwai, an rubuta chamois a jikin ledarsa. Ɗalibin Faransanci a Yamai ko Maraɗi kuwa, idan ya buɗe ƙamus ya duba wannan kalma, hoton wata dabba mai ƙaho zai gani tana tsaye a bakin tsauni. In ya ƙara bincike sai ya ci karo da wata kalmar, isard, wadda Turawan Ingila ke rubutawa izard, ƙamus ya ce masa ita ma chamois ce, amma ta wasu tsaunuka daban.

Kalmar tana ɗauke da kaya uku. Akwai dabbar tsaunukan Alps na tsakiyar Turai. Akwai 'yar'uwarta ta tsaunukan Pirenis, mai nata suna. Akwai kuma fatar da ta gaji sunan, alhali kusan duk wadda ake sayarwa yau ta tunkiya ce, wata ma roba ce zalla. A Faransanci shamwa ake furtawa, harafin s na ƙarshe ba ya fita. Isard kuma izar ake cewa. Turawan Ingila idan dabbar suke nufi sukan ce shamwa, idan fatar ce su ce shami.

Wace irin dabba ce?

Chamois dangin awaki da tumaki ce, tana tuƙa, kofatonta rababbe. Siririn jikinta yakan sa a ɗauka barewa ce, amma a jini ta fi kusa da akuya, kuma da ragon dutse na tsaunukan Abzin babban gidansu ɗaya. Tsayinta a kafaɗa santimita 70 zuwa 80. Namiji yakan yi kilo 30 zuwa 60, mace 25 zuwa 45. Fuskarta fara-fara ce, da baƙin zane a kowane gefe wanda ya taso daga gindin kunne ya ratsa ido ya sauka baki. Da zafi gashinta ja-ja ne, da sanyi ya yi kauri ya koma kusan baƙi.

Babbar shaidarta ƙaho. Baƙi ne siriri, ya miƙe tsaye sannan ya lanƙwasa baya a tsini ya zama ƙugiya. Mace da namiji duk suna da shi, sai dai na namiji ya fi kauri, ƙugiyar ta fi rufewa. Ba ya faɗuwa, kowace shekara zobe ɗaya yake ƙarawa, da shi mafarauta da masu tsaron gandun daji ke ƙirga shekarun dabba. Yawancin tsawon yana samuwa ne a shekaru 3 zuwa 4 na farko. Bayan nan zobban sukan matse a gindi, 'yan milimita kawai tsakaninsu, shi ya sa wanda bai goge ba yakan rage wa tsohuwar dabba shekaru.

Kofaton ma abin lura ne. Gefensa yana da tauri da kaifi don cizon dutse da ƙanƙara, cikinsa kuma da laushi don kada ya zame, sannan akwai wata fata tsakanin yatsun biyu da ke buɗewa ta hana ƙafa nutsewa cikin dusar ƙanƙara. Tana iya tsallen mita 2 sama, da kimanin mita 6 a tsawo. Mata da 'ya'ya garke suke yi, maza kuma yawancin shekara su kaɗai. Barbara a watan Nuwamba zuwa Disamba, ciki kusan kwana 170, haihuwa a Mayu ko Yuni, galibi ɗa guda. Idan ɗaya ta hango haɗari sai ta yi wani irin fito ta hanci ta buga ƙafa, garken ya haye inda kare ko mutum ba ya iya bi. Abin da ya fi kashe su tsananin sanyi ne da zaftarewar dusar ƙanƙara, sai gaggafa mai ɗaukar ƙanana, da kyarkeci.

Linnaeus, masanin nan ɗan ƙasar Suwidin, ya sa ta cikin awaki a 1758 da sunan Capra rupicapra. A 1816 wani Bafaranshe, Blainville, ya ware mata gida nata, Rupicapra. Da Latin rupes dutse ne, capra akuya, wato akuyar dutse.

Isard, ta tsaunukan Pirenis

Tsaunukan Pirenis su ne iyaka tsakanin Faransa da Sifaniya, da 'yar ƙaramar ƙasar Andora a tsakiya. Dabbar da ke can ita ce isard. Ta fi ta Alps ƙanƙanta, da wuya namiji ya haura kilo 40. Ƙahonta ya fi sirantaka, gindin biyun sun fi kusa da juna. Da zafi ta fi ja, da sanyi kuma ba ta yin baƙi gaba ɗaya: maƙogwaro da kafaɗu da ɗuwawu suna zama da haske, baƙaƙen layuka biyu su sauko ta gefen wuya su haɗu a ƙirji.

Charles Lucien Bonaparte, ɗan ɗan'uwan Napoleon, shi ya ba ta sunan pyrenaica a 1845. Duk da haka an daɗe ana ɗaukar ta a matsayin reshe kawai na ta Alps. Daga shekarun 1980 ne binciken ƙashi da jini da ɗabi'ar barbara ya sa yawancin masana suka amince jinsi biyu ne. Na arewa, Rupicapra rupicapra, yana da rassa 7, daga Alps zuwa tsaunukan Tatra da Karfat da Balkan da Turkiyya da Kokesas. Na kudu, Rupicapra pyrenaica, yana da rassa 3: na Pirenis, na tsaunukan Kantabriya a arewacin Sifaniya, da na tsaunukan Afenin a tsakiyar Italiya.

A nan sunan gargajiya da na kimiyya suka raba hanya. Ta Afenin a kimiyyance 'yar gidan isard ce, amma ba wanda ke kiran ta haka, Italiyawa camoscio suke cewa, sunan da suke kiran ta Alps da shi. Ta Kantabriya kuma rebeco ce a bakin Sifaniyawa. Saboda haka isard sunan dabbar wuri guda ne kafin ya zama sunan jinsi, ma'anarsa ta ainihi chamois ɗin Pirenis kawai. Akwai ma masu binciken da ke ganin ta Afenin ta isa a ware ta jinsi na uku, kuma ba a rufe wannan magana ba.

Kalmar ta biyo ta Faransanci, amma ba can aka haife ta ba

Ƙamus ɗin Ingilishi zai ce chamois daga Faransanci take, kuma gaskiya ne: Ingilishi ya aro ta a ƙarni na 16. Faransanci kuwa ya gaje ta ne daga wata kalmar Latin ta ƙarshen zamanin Rumawa, camox. Rubutu mafi tsufa da aka same ta a ciki na Polemius Silvius ne, wani marubuci a ƙasar Gol, wato Faransa ta yau, wanda wajen shekara ta 448 zuwa 449 ya shirya kalanda ya sadaukar da ita ga Eucherius, bishop na birnin Liyon, ya haɗa da jerin sunayen dabbobi. Camox tana cikin jerin masu ƙafa huɗu.

Abin da ya sa masana suka tabbata baƙuwa ce a Latin shi ne, Rumawa suna da nasu suna, rupicapra, wanda Pliny ya yi amfani da shi tun ƙarni na 1. Camox ba ta bayyana ba sai bayan ƙarni huɗu, kuma a hannun mutumin da ke zaune kusa da Alps. Alamar ita ce mazauna tsaunin suna da kalmar tun kafin Rumawa su ci ƙasarsu, suka koyi Latin amma ba su saki sunan dabbar da suke farauta ba. Sunan littafi ya tsaya a littafi, na baki ya yaɗu. Daga shi Italiyanci ya sami camoscio, Romansh na gabashin Suwizalan ya sami chamutsch, Sifaniyanci gamuza, Fotugis camurça. Jamusanci, wanda ba ɗan Latin ba ne, shi ma ya karɓa tun da daɗewa a siffar gamiza, ta zama Gemse, a kudancin Jamus da Ostiriya kuma Gams. Gyaran ƙa'idar rubutun Jamusanci na 1996 ya mayar da ita Gämse don ta yi daidai da Gams, shi ya sa tsofaffin littattafai da sababbi suka bambanta.

Yadda sautin ka na farkon camox ya koma sha a chamois ƙa'ida ce sananniya. A arewacin Faransa, duk kalmar Latin da ta fara da ca takan rikiɗe: capra ta zama chèvre, campus ta zama champ, cantare ta zama chanter. Italiyanci bai yi wannan sauyi ba, har yau capra da campo da cantare yake cewa. Da farko Faransawa suna furta ch ɗin kamar c na Hausa, sai wajen ƙarni na 13 ya sassauta ya koma sh. Wannan ne ya sa kalmomin da Ingilishi ya aro da wuri, bayan Normandawa sun ci Ingila a 1066, irin su chance da chair, suka riƙe tsohon sautin, chamois da ta zo a makare ta shigo da sabon. Ƙarshen kalmar, oi, an daɗe ana furta shi we, furucin wa bai zama na kowa ba sai bayan juyin juya halin Faransa na 1789.

Isard ta bi wata hanya. Daga Gaskonanci ta shiga Faransanci, wato karin harshen Oksitan na gindin Pirenis ta yamma. Katalanci ma isard yake cewa. A Aragon da wasu kwaruruwan ɓangaren Faransa sarrio ko sarri ake ji, kuma masana harshe na ganin tushensu ɗaya, wasalin farko ne ya faɗi. Gaston Fébus, mai mulkin Fuwa da Beyarn a gindin Pirenis ta ɓangaren Faransa, wanda ya fara rubuta littafinsa na farauta a 1387, ya bambanta bunsurun daji mai manyan ƙahoni da wannan ƙaramar, ya kawo sunayen nata biyu. Harafin d na ƙarshe kwalliya ce da ta samu daga kamanni da kalmomi irin su canard da renard. Ingilishi bai san izard ba sai ƙarshen ƙarni na 18, lokacin da matafiya suka fara rubutu kan Pirenis. Kada a haɗa ta da izzard mai z biyu, tsohon sunan harafin z ne a Ingilishi.

Inda masana suka saɓa

Kan camox ra'ayi uku ne suka fi fitowa. Mafi rinjaye shi ne kalma ce ta wani harshen Alps da ya mutu, irin na Retiyawa ko Liguriyawa, tsofaffin mazauna yankin, wanda bai bar rubutun da za a gwada da shi ba. Ƙarfin wannan ra'ayi shi ne ya dace da inda kalmar ta yaɗu, rauninsa kuma bai faɗi ma'anarta ta farko ba. Ra'ayi na biyu yana danganta ta da tushen cam na Keltanci, dangin harshen da ake yi a Gol kafin Latin, mai nufin lanƙwasasshe, saboda ƙugiyar ƙahon. Ma'anar ta zauna sosai, amma ƙarshen kalmar da yadda take sauyawa tsakanin k da g a harsuna ba su bi ƙa'idar Keltanci sak ba. Na uku yana haɗa ta da tsohon tushen da ya haifi kemas na Girkanci, wato ƙaramar barewa, tushen da ake fassarawa da marar ƙaho. Matsalarsa a fili take: dabbar nan mace da namiji duk masu ƙaho ne.

Kan isard, an fi yarda kalma ce ta mazauna Pirenis kafin Rumawa. Wasu sun danganta ta da izar na harshen Bask da ake yi a yammacin Pirenis, wato tauraro, suna cewa farin da ke goshin dabbar ake nufi. Sautin ya yi kama, yankin ma ya dace, tunda a da ana jin dangin Bask a faɗin Pirenis fiye da yau. Sai dai kamannin sauti kaɗai ba hujja ba ne, kuma babu wani tsohon rubutu da ya nuna an taɓa kiran dabbar tauraro. Mai rubutu zai iya kawo wannan a matsayin hasashe, amma bai kamata ya kafa shi a matsayin tabbas ba.

Sunan ya yi ƙaura, dabbar ma ta yi

Mutanen Holan suna kiran chamois gems. Da suka sauka a kudancin Afirka daga 1652, suka ga wata babbar dabbar hamada mai miƙaƙƙun ƙahoni da baƙin zane a fuska, sai suka laƙaba mata gemsbok. Ba dangin kusa ba ne, wannan takan haura kilo 200, kuma ba ruwanta da tsauni mai ƙanƙara. Sunan ya zauna har yau a Namibiya da Botswana da Afirka ta Kudu.

Dabbar kanta an kai ta Niyu Zilan a 1907, kyauta daga Sarki Franz Joseph na Ostiriya, aka sake ta a yankin tsaunin Kuk. Babu dabbar da ke cin ta a can, ta yaɗu a tsibirin kudu har hukuma ta ɗauke ta a matsayin mai ɓarna ga tsirrai, ana farautar ta ba ƙayyadewa. A Turai akasin haka ne. A Faransa kowane yanki ana yanka masa adadin da zai harba a shekara, kowace dabba da tata alama da ake ɗaura mata a ƙafa kafin a ɗauke ta daga wurin. Ta Afenin ta taɓa raguwa zuwa 'yan gomomi a farkon rabin ƙarni na 20, gandun Abruzzo da aka kafa a farkon shekarun 1920 ne ya tsare ragowar, daga baya aka ɗebi wasu aka zuba a tsaunukan Majella da Gran Sasso. Isard kuma cuta ce ta fi damun ta. Daga 2001 wata ƙwayar cuta 'yar gidan wadda ke kama tumaki ta kashe da yawa a ɓangaren Kataloniya, ga ciwon ido mai makantar da dabba har ta faɗo daga dutse.

Yadda sunan dabba ya koma sunan jima

Da can fatar chamois ta gaske ake jemewa da mai, ta fito da laushin da ba irinsa, ta jiƙe ta bushe ba ta lalace ba. Da ita ake ɗinka safar hannu da wandon mahaya dawaki. Buƙata ta fi ƙarfin dabbar, majema suka ga aikin yana ci a fatar akuya da tunkiya da barewa, sai sunan ya tashi daga kan dabbar ya koma kan hanyar jimar. Faransanci har ya ƙirƙiro chamoiser, jima da mai, da chamoiseur, mai wannan sana'a. Birnin da ya fi suna da ita, Niyor, a yammacin Faransa yake, kan kogi, babu tsauni ko ɗaya kusa. Abin da ya taimake shi ruwa ne da kusanci da tashar jiragen ruwa ta La Rochelle, inda man kifi ke shigowa. Ƙungiyar ƙwallon birnin da aka kafa a 1925, Chamois Niortais, daga masana'antar fata ta samo suna. A Sifaniyanci da Fotugis ma, gamuza da camurça yau an fi jin su kan fata mai laushi da tsumman goge ƙura.

Hausawa sun san irin wannan sauyin suna a fatarsu. Jar fatar akuyar Sakkwato da Maraɗi, da ake jemewa da bagaruwa a rina da karan dafi, ta ratsa Sahara ta isa Turai ta tashoshin Maroko, Turawa suka kira ta fatar Maroko.

Jimar chamois da ta bagaruwa ba hanyarsu ɗaya ba. Ana fara jiƙa fatar tunkiya a wanke gishiri da datti, a cire gashin, a bar ta kwanaki cikin ruwan farar ƙasa har ta kumbura zarenta ya buɗe. Sai inji mai doguwar wuƙa ya tsaga ta gida biyu a kwance. Ta saman, mai fuskar fata, siririya ce, ana kai ta wurin masu bangon littafi da shafin cikin hula. Ta ƙasan, ɓangaren nama, ita ce chamois. Ana wanke farar ƙasar, a rage kitsen da tunkiya ke da shi da yawa, a matse ruwa amma ba a bari ta bushe ba, domin so ake mai ya shiga ya maye gurbin ruwan a hankali.

Daga nan sai a zuba man kifi, galibi na kifin kod, a sa cikin injin da ke dukan fatar da manyan guduma na katako, ko cikin ganga mai juyawa. A daka, a fitar a sha iska, a ƙara mai a sake dakawa, har ya ratsa ko'ina. Sannan a rataye ko a tara a ɗaki mai ɗumi. A nan ainihin jimar take faruwa: man yana haɗuwa da iska ya rikiɗe, abubuwan da ya haifar su ɗaure zaren fatar yadda ba zai ruɓe ba kuma ba zai manne da juna ba, launin ya koma ruwan ƙwai. Man kifi ake zaɓa saboda shi ke saurin haɗuwa da iska. Man gyaɗa da majemanmu ke shafawa yana tausasa fatar da aka riga aka jeme, amma ba ya yin wannan aiki.

Wannan matakin shi ne mai haɗari, domin haɗuwar mai da iska zafi take haifarwa. Idan aka tara fatu ba a juya su ba, na tsakiya su ƙone su yi duhu su yage, tarin ma yana iya kamawa da wuta da kansa. Idan kuma aka yi gaggawar cirewa, tsakiyar fatar tana nan ɗanya, ranar da ta jiƙe ta bushe sai ta ƙandare. Bayan an gama ana tsoma ta a ruwan ɗumi a matse rarar man, wanda Faransawa ke kira dégras, shi ma haja ne da ake sayar wa masu gyaran wasu fatu. A wanke da ruwan soda, a shanya, a ja ta ta yi laushi, a goge fuska biyun a kan dutsen inji. Masana'antu da yawa yanzu suna fara jiƙa ta da wani sinadarin aldehaid kafin mai, don rage kwanakin aiki.

Wa ke da haƙƙin sunan a kasuwa?

A Birtaniya ƙa'idar ingancin kaya ta 1991 ta ce chamois ita ce fatar tunkiya ko ɗan rago, ɓangaren nama ko wadda aka kankare fuskarta, da aka jeme da man halittun teku. 'Yan kasuwar fata suna riƙe da wannan, suna cewa duk abin da ba haka ba bai cancanci sunan ba. Masu yin na roba kuma suna cewa kalmar ta riga ta zama sunan duk wani abin tsane ruwa a bakin jama'a, kuma suna rubuta cewa nasu na roba ne. Kowane ɓangare yana da abin kamawa. Ma'anar da masu fata ke karewa ita kanta aro ce, tunda tunkiya ba chamois ba ce. Amma mai saye yana da haƙƙin sanin abin da ya biya, domin kuɗinsu da kulawarsu ba ɗaya ba.

Bambancewa ba wuya. Ta gaske gefenta ba ya miƙewa sak, kaurinta ya bambanta daga wuri zuwa wuri, tana da ɗan ƙarnin man kifi, idan ta jiƙe tana santsi, idan ta bushe takan ɗan yi tauri amma da an murza ta sake. Ta roba, wadda aka fi yi da sinadarin PVA, murabba'i ce daidai, sau da yawa da zane a jiki, tana zuwa da danshi a cikin gwangwanin roba, in ta bushe ta zama kamar kwali. Idan aka yanki ɗan ƙyalle aka kusanta da wuta, fata warin ƙonannen gashi take yi, roba kuwa narkewa take.

Sabuwar fata a fara wanke ta da ruwa mai ɗan ɗumi da sabulun wanka marar ƙarfi, in ba haka ba rarar mai za ta bar zane a gilashi. Kada a sa mata omo ko bilic, suna kwashe man da ya jeme ta, ta bushe ta kakkarye. Ruwan zafi yana ƙanƙance ta. A matse ta da tafin hannu, kada a murɗe, a shanya a inuwa, kada a rufe ta da danshi a leda, musamman da damina, don fumfuna za ta ci ta. Ta roba kuwa akasin haka, da ɗan danshi ake mayar da ita gwangwaninta.

Kuskuren da ya fi yawa a wuraren wankin mota shi ne goge busasshiyar ƙura da ita. Chamois shimfiɗaɗɗiya ce, ba ta da gashin da tsakuwa za ta ɓuya a ciki, don haka duk ƙurar hunturu da ta ɗauka tana kan fuskarta, ana jan ta a kan fenti tana karce shi. Aikinta tsane ruwa ne bayan an wanke motar an ɗauraye. A da direbobi da matuƙan jirgin sama suna tace fetur da ita, domin idan ta jiƙe da fetur takan tare ɗigon ruwa. Wannan yana tara wutar gogayya da ke iya haifar da tartsatsi, shi ya sa ake sa mazurarin ƙarfe ya taɓa bakin tanki kafin a zuba.

Ga Musulmi mai tambayar tsarki, fatar tunkiya ce, amma wadda aka shigo da ita ba a san yadda aka yanka dabbar ba. Hanafiyya da Shafi'iyya suna ganin jima tana tsarkake fatar mushen irin wannan dabba. Mashhurin Malikiyya shi ne ba ta tsarkake ta gaba ɗaya, amma an yi rangwamen amfani da ita a busassun abubuwa da ruwa, ba a yin salla da ita ko a kanta. Goge mota da gilashi bai shiga inda ake saɓanin ba, safar hannu ko rigar da za a yi salla da ita ce ke buƙatar a tambayi malami.

Ga mai fassara da malamin makaranta

Dabbar ba ta rayuwa a Afirka, don haka Hausa ba ta da sunanta. Barewa bai dace ba, ita ta fili ce. Gadar dutse wata dabba ce daban, ƙarama, da ake samu a duwatsun Filato. Ragon dutse kuma na Abzin ne, mai gemu har ƙirji da manyan ƙahoni. Akuyar dutse ya fi kusa, shi ne ma ma'anar sunan Latin, sai dai yana iya hawa kan bunsurun dajin Alps mai dogayen ƙahoni, wanda Faransawa ke kira bouquetin. Abin da ya fi aminci shi ne a rubuta shamwa ko izar, a bi da bayani sau ɗaya: wata dangin akuya ta tsaunukan Turai mai ƙaho kamar ƙugiya. Kafin haka sai an duba jimlar, domin peau de chamois fata ce, papier chamois takarda ce mai launin ƙasa-ƙasa, kuma chamois a bakin masu tseren keke ɗan abin laushin da ke cikin wandonsu ne, wanda yau soso ne na roba.

Masu fassara sun taɓa faɗawa wannan rami ta ɗaya gefen. Fassarar Littafi Mai Tsarki ta Ingilishi ta 1611 ta sa chamois a Kubawar Shari'a 14:5, a madadin kalmar Ibrananci zemer, cikin jerin dabbobin da aka halatta ci. Chamois ba ta taɓa zama a ƙasar Falasɗinu ba, kuma yawancin fassarorin baya sun mayar da wurin tunkiyar dutse.